Dakta Tsutsa da Shekarar da Citta Ta Ruɓe

Sunansa Kaleb Mijinyawa, amma in ka shiga Kafanchan kana tambayar wannan suna za ka sha yawo. Ka ce Dakta Tsutsa, ɗan acaba zai kai ka har ƙofar gida. Shi ba likita ba ne. Malamin kimiyya ne a wata sakandaren gwamnati da ke bayan gari, kuma shekara goma sha uku ke nan muna zaune gida ɗaya da shi, gidan haya kusa da tsohon kwatas na ma'aikatan jirgin ƙasa. Ɗakinsa yana kallon nawa, igiyar shanya ce kawai tsakaninmu. Ni sunana Faustina. Na yi koyarwa shekara talatin da biyar kafin in yi ritaya, maigidana ya rasu, 'ya'yana suna Kaduna da Jos. Abin da zan faɗa, wani na gani da idona, wani shi ya gaya mini guntu-guntu, domin ba mutum ne mai buɗe ciki ba.

An haife shi a wani ƙauye kusa da Nok, a ƙasar Jaba, a gidan manoman citta. Su uku ne a ɗakin uwarsu: yayansa Nicholas, sai shi, sai ƙanwarsu Asibi. Da sikila aka haifi Asibi, ko da yake a lokacin ba wanda ya san sunan ciwon a ƙauyen. In ya tashi, musamman da damina, takan kwana biyu tana kuka tana cewa ana sara mata ƙashi. Uwarsu ta gasa mata jiki da ruwan ɗumi, ubansu ya kira dattawan coci su yi addu'a, iyakar abin da ake da shi ke nan. Kaleb yana ɗan shekara tara ya gano cewa in ya kwaikwayi tafiyar mai bisharar ƙauyensu, ko yadda ubansu ke kumbura baki in masu sayen citta suka taya masa da arha, Asibi takan manta da ciwon na ɗan lokaci, ta yi dariya da hawaye a fuska. A gefen tabarmarta ya koyi sana'ar. Ta rasu tana da shekara goma sha ɗaya. Mutanen ƙauye suka ɗora wa wata tsohuwa da ke zaune ita kaɗai a bakin rafi, suka ce ita ta cinye yarinyar, aka daina gaishe ta har ta mutu.

Sai da ya kai ajin ƙarshe a sakandare a Kwoi, wani malami ya zana ƙwayar jini a allo, ɗaya zagayayyiya, ɗaya lanƙwasasshiya kamar lauje, ya yi bayanin yadda yaro ke gadon ciwon daga uwa da uba tare. Kaleb ya ce mini ranar bai je cin abinci ba. Ya ce haushi ya fi baƙin ciki yawa a ransa. Abin da ya kashe Asibi yana da suna, ana iya zana shi da alli cikin minti biyu, amma an bar tsohuwa ta mutu da sunan mayya.

Ya yi kwalejin horas da malamai a Gidan Waya, ya fara koyarwa a Kafanchan. Makarantar tana da madubin ganin ƙwayoyin cuta guda ɗaya, tsoho, irin mai amfani da hasken rana, kuma a kulle yake a kabad don kada yara su lalata. Ya yi ta naci har aka ba shi makulli. Sauran kayan aiki babu, don haka jikinsa ya zama kayan aikin. In zai koyar da narkewar abinci, sai ya zama lomar tuwo, ya bi ta tsakanin bencina yana kukan an matse shi. Ɗalibansa ba sa gudun darasinsa, ko da bayan tara ne.

A wannan lokaci ya nemi auren Stella, tela ce, tana cikin mawaƙan cocinsu. An kai kaya, an sa rana, mata sun sayi ankon biki. Saura wata uku coci ta ce su kawo takardar gwajin jini, kamar yadda aka fara yi wa kowa. Sakamako ya nuna kowannensu yana ɗauke da rabin ciwon a ɓoye. Su kansu lafiya lau, amma kowane ciki da Stella za ta ɗauka, akwai yiwuwar ɗaya cikin huɗu a haifi yaro irin Asibi. Ya kira ta suka zauna a bencin da ke bayan coci.

Ta ce, "Ɗaya cikin huɗu ka ce. Ukun fa?"

Ya ce, "Asibi ma ita kaɗai ce a cikinmu."

"Ba ka yarda Ubangiji zai iya tsare mu ba?"

"Na yarda. Amma na taɓa riƙe ƙafar yarinya tana roƙon a yanke mata ita."

Stella ta daɗe tana kallon takardar. Ta ce, "To ka riga ka gama shawara kai kaɗai. Me ka kira ni in yi?"

Gwaggonta ce ta dawo masa da zobe bayan mako guda. Stella ta yi aure a Zonkwa bayan shekara biyu. Matan da suka sayi anko ba za su zubar da atamfarsu ba, don haka ya yi shekaru yana ganin zanen bikinsa a jikin mutane ranar Lahadi, wasu sun ɗinka wa yaransu riga da shi. Bai sake neman aure ba. In an tambaye shi sai ya mayar da abin wasa, a yi dariya a bar maganar.

Wasan da ya ba shi suna ya fara ne shekarar da amai da gudawa suka yi ɓarna a gari. Fasto ya roƙe shi ya yi wa matasa bayanin wanke hannu a taronsu. Kaleb ya san in ya tsaya da takarda rabinsu za su yi barci, sai ya je wurin Abednego, wani kafinta ɗan Zonkwa da ke yi wa coci benci. Abednego ƙato ne mai tumbi, murya kamar ganga, kuma Allah ya ba shi fuskar da ba ta motsi ko me aka faɗa. Suka shirya wasa. Abednego ya zama Baba Na-ƙi, dattijon da ba ya yarda da komai. Kaleb ya ɗinka doguwar hula ta kwali, ya zama tsutsar da ke zaune a cikin Baba Na-ƙi, ta leƙo don ta yi wa maigida godiya.

"Maigida, mun gode da masauki. Doyar jiya ta iso, sai dai gishiri bai ji ba."

"Wa ya ba ka izinin shiga cikina?"

"Kai ka ɗauko ni da hannunka daga bayan gida. Na ma aika wa dangi su taho, na ce musu hanya a buɗe take, maigida ba ya taɓa sabulu."

"Kakana bai taɓa wanke hannu da sabulu ba, ya yi shekara casa'in."

"Mun san shi, mutumin kirki. Kakana ma a cikinsa aka haife shi."

Waɗanda suka halarta sun ce har fasto sai da ya fita waje ya riƙe bango. Daga ranar aka sa masa Dakta Tsutsa.

Lokacin da na tare a gidan, sun riga sun yi suna. Kowace Asabar sukan ɗaure akwati a bayan babur ɗin Kaleb, da lasifika mai batir da madubin nan a naɗe cikin tawul, su nufi duk inda kasuwa ke ci: Kwoi, Zonkwa, Zangon Kataf, sau biyu har Kasuwan Magani. Su yi wasa rabin awa, sa'an nan mutane su yi layi su leƙa madubi su ga abin da ke iyo a cikin ɗigon ruwan tafki. Wata mai burukutu ta taɓa kawo nata ta ce a duba. Da ta ga ƙwayoyi cunkus ta tsorata, Kaleb ya ce, "Mama, kwantar da hankalinki, waɗannan ma'aikatanki ne. Su ke dafa miki giyar, ke wuta kawai kike hurawa." Wata tashar rediyo a gari ta ba su minti goma sha biyar kowace Laraba. Sun yi wasa a kan sauro, da cizon maciji, da taki, da allurar rigakafi, da dalilin da ya sa bai kamata a zuba maganin feshi a jarkar man ja ba.

Wanda aka fi nema shi ne na gwajin jini kafin aure. Kaleb yakan ba ango jaka mai ƙwayar wake biyu, fari da ja, ya ba amarya irinta, kowa ya zaro ɗaya ido a rufe. In ja ya haɗu da ja, yaro ya gaji ciwo. Baba Na-ƙi yakan ce, "Ɗaya cikin huɗu? Mai sauƙi. Sai mu haifi uku mu tsaya." Kaleb ya ce, "Baba, wake bai iya ƙirga ba. Kowane ciki sabuwar jaka ce." Na ga wannan wasa ya fi sau goma. Sau ɗaya a wani babban taron coci a Zonkwa, Stella tana zaune a layi na biyu cikin shugabannin zumuntar mata. Ta yi dariya tare da kowa. Da aka tashi ta zo da babbar 'yarta ta ce, "Gaida Dakta Tsutsa." Yarinyar ta rusuna. Kaleb ya tambayi ajinta, ya ce ta dage da lissafi. Da muka dawo gida ya wanke babur ɗinsa, wanda ba shi da datti, har rana ta faɗi.

Abin da mutane ba su lura ba shi ne, ba wanda ke zuwa wurinsa sai don dariya. Ana gayyatarsa biki ya riƙe lasifika, amma in an zauna cin abinci, kowa na jira ya faɗi wani abu, ba mai tambayarsa ya gida. In ya je gaisuwar mutuwa, sai ka ga fuskoki sun fara sakin murmushi tun daga ƙofa, shi ya sa yakan gaisa da sauri ya fita. Akwai Lahadin da aka ba shi karatun Littafi, daga littafin Makoki ma, yana hawa bagade matasa suka fara ƙyalƙyala tun bai buɗe baki ba. Dattawa suka daina sa sunansa. Bai yi ƙorafi ba. Abednego ne kaɗai ke zama da shi ba tare da jiran komai ba. Yakan zo da yamma da ƙurar katako a gashinsa, su zauna a baranda su ci gyaɗa, wani lokaci awa guda ba wanda ya ce uffan, sai can ɗaya ya jefo layin wasa, ɗayan ya ce, "A'a, ya yi tsawo, yanke wutsiyar."

Shekarar da ta gabaci korona, wani ya ɗauki hoton bidiyon Abednego a waya, fuskar nan tasa da ba ta motsi ta zagaya ko'ina. Wasu samari masu yin gajerun wasanni a Abuja suka neme shi. Ya zo ya sami Kaleb a baranda, ina tsinkar zogale a ƙofata, ina jin su.

"Malam, sun ce mu zo mu biyu. Amma a cire karatun. Mutanen waya ba su da haƙuri, minti ɗaya ne, kuma da Turancin buroka."

"In an cire karatun, me ya rage?"

"Dariya ta rage. Ba ita muke sayarwa ba?"

"Ni ban san sayarwa muke yi ba."

Abednego ya ce, "Ina da yara biyar, Malam. Kai kana da albashi, kuma kai kaɗai ne."

Ya faɗi haka ba da mugunta ba, gaskiya ce kawai. Kaleb ya gyaɗa kai. Shi ya kai shi tasha a babur ranar tafiya. Da farko suna waya kowane mako, daga baya sai Kirsimeti da Ista. Yanzu in ka buɗe waya za ka ga Abednego yana faɗawa kwata ko yana gudun matar gida da muciya, kuma yana da ban dariya, ba zan yi ƙarya ba. Kaleb yakan kalla. Na taɓa jin ya ce a hankali, "Ya yi saurin juyowa, da ya ƙara jira kaɗan."

Ya gwada wasu a matsayin Baba Na-ƙi, ba wanda ya iya riƙe fuska. Shirin rediyo ya mutu. Sai ya koma yin wasan shi kaɗai da hula biyu, ya sa wannan ya yi tambaya, ya cire ya sa waccan ya amsa. Mutane suna dariya har yanzu, amma da safe nakan ji shi ta taga yana gwada muryoyin biyu a ɗaki, in ya kai inda ya kamata wani ya amsa sai ya ɗan tsaya, kamar ya manta shi ne zai amsa.

A waɗannan shekaru citta ta yi daraja ƙwarai. Duk wanda ke da ƙasa a Jaba da Kachia da Kagarko ya shuka, har ma'aikatan gwamnati. Yayansa Nicholas ya mayar da gonar gidansu gaba ɗaya citta, har inda uwarsu ke shuka acca a da. Kaleb ya lura a gefen gonar, inda ruwa ke kwanciya, ganye yana yin rawaya tun kafin lokaci. Ya tono, ya duba a madubi, ya ga zare-zare irin na fumfunar da ke fitowa a kan tuwon da ya kwana uku. Ya yi tambaya wurin wani malamin gona, ya karanta abin da ya samu, sai ya shirya sabon wasa. A ciki Citta ce ta kai ƙarar manomi wurin dagaci: shekara goma sha biyar ana kwantar da ita a ɗaki ɗaya ba shara, ƙafarta cikin ruwa, kuma kowace shekara 'ya'yanta marasa lafiya ake sake shukawa. Wasan yana ƙarewa da Citta tana cewa, "Wata rana za ku zo gona ku tarar na yi tafiya, na bar muku wari." An sha dariya a Kwoi. Nicholas ma yana wurin, ya yi dariya. Ba wanda ya sauya komai, domin wa zai huta da gonar da ke gina masa gidan kwano?

A watan Agusta na shekarar dubu biyu da ashirin da uku, abin ya zo. Cikin mako biyu gonaki suka yi rawaya kamar an watsa musu ruwan zafi. In ka bi hanyar Kwoi a mota, warin ruɓa yana shigowa ta taga. Ba gona ɗaya ba, ba ƙauye ɗaya ba. Mutanen da suka sa duk abin da suka mallaka a ƙasa suka tsaya suna kallo.

Kaleb ya tafi gida a ƙarshen makon. Ya sami Nicholas a gona shi kaɗai. Yayan ya tono saiwa ɗaya, ya matsa ta da yatsa, ruwa mai wari ya fito. Da yarensu suka yi magana, ga yadda Kaleb ya mayar mini da ita.

"Ka san wannan zai zo?"

"Na yi zato, Yaya. Na faɗa."

"Ka faɗa. Da hular kwali a kanka ka faɗa, mutane suna riƙe ciki. Ni yayanka ne, uwa ɗaya uba ɗaya. Ka taɓa shigowa ɗakina ka zauna ka ce, Yaya, kada ka shuka a nan bana?"



Nicholas ya jefar da saiwar, ya goge hannu a wando. Ya ce, "Ka koma, kada ruwa ya tare ka a hanya."

Bayan mako biyu ya ɗaure akwatinsa ya je kasuwar Kwoi, yana ganin yanzu ne mutane suka fi bukatar su san abin da ya same su. Ya kunna lasifika, ya sa hula. Mutane suka taru kaɗan, ba wanda ya yi dariya. Ya ji wata mata tana cewa ai shi ne ya yi wa citta baki. Wani dattijo ya matso ya ce, "Malam, kashe abin nan. Makoki ake yi." Ya kashe, ya naɗe kayansa. Kafin azahar ya dawo gida.

Na kai masa kunun gyaɗa da yamma, na ce kada ya ɗauki maganar jahilci a ransa, cuta ba ta jin wasan kwaikwayo. Ya ce ba maganar matar ce ke damunsa ba.

"Mama Faustina, ko da na gaya wa Yaya, da wuya gonar ta tsira. Har waɗanda suka bi ƙa'ida sun yi asara. Amma gaskiyarsa. Ban je ba. Na yi ta tunani, ban tuna ranar da na gaya wa wani nawa magana mai nauyi da bakina ba, in ban da sau ɗaya, a bayan coci. Ita ma ban iya ba."

Wata shida akwatin yana ƙarƙashin gado. Yana zuwa makaranta, yana dawowa, ya dafa taliya, ya yi makin ɗin littattafai a baranda. Da Kirsimeti bai je ƙauye ba. Na ce ya bi ni Jos wurin 'yata, ya ce yana da aiki. Da na dawo na tarar ya sake fentin ƙofata da tasa. A watan Janairu muka ji Nicholas ya bar gida, mutum mai shekara hamsin da biyar, ya tafi Mararaba kusa da Abuja yana gadin wani gida. Bai yi wa ƙanensa sallama ba.

A watan Maris matar Nicholas, Milka, ta zo Kafanchan. Ta zauna a barandata tana jiran ya taso daga makaranta. Da ya iso ya gaishe ta a tsaye, kamar baƙo a gidansa.

Ta ce, "Baban yara bai aiko ni ba, kada ka yi zato. Zumuntar mata ce ta aiko ni. Ruwa ya kusa sauka, maza rabi sun tafi, mu ba mu san abin da za mu sa a ƙasa ba. Ka zo ka gaya mana."

"Ba na wasa yanzu."

"Ba mu ce ka yi wasa ba."

Ya roƙe ni in raka shi, ban san dalili ba. Muka hau ƙaramar bas zuwa Kwoi, daga nan acaba. Mata wajen arba'in suna zaune a bencin coci. Ya tsaya a gabansu da 'yar takarda, ba hula, ba lasifika. Ban taɓa jin ya yi magana mara daɗi irin ta ranar ba. Yana tsayawa, yana maimaita kansa. Ya ce cutar tana zama a cikin ƙasa da cikin iri, don haka kada a mayar da citta inda ta ruɓe, a sa masara ko waken suya ko kurkum tukuna. Ya ce a yi kunya mai tsayi, a buɗe wa ruwa hanya. Suka yi ta tambaya. Shekara nawa ƙasar za ta warke? Ya ce bai sani ba, wasu sun ce uku, wasu sun ce fiye. Maganin da ake sayarwa a kasuwa yana aiki? Ya ce bai sani ba, bai gwada ba. Irin da ake kawowa daga nesa lafiyayye ne? Ya ce shi ma bai sani ba.

Wata tsohuwa a gaba ta ce, "Ashe kai ma Baba Na-ƙi ne. Komai ba ka sani ba."

Matan suka yi dariya, ba da yawa ba. Shi ma ya yi. Ya ce tunda bai sani ba, a ba shi wuri ya gwada, kowa ya gani da idonsa.

Milka ta ba shi bayan ɗakin girki. Ya samo buhuna goma, ya cika su da ƙasar da ya haƙo daga kan tudu inda ba a taɓa shuka citta ba, ya huda gindinsu don ruwa ya fita. Ya samo iri kaɗan daga wani manomi can wajen Filato, ya duba kowane yanki a madubi kafin ya binne. Duk Asabar ta wannan damina yana can. Matan sukan biyo su leƙa buhunan a hanyarsu ta zuwa rafi, su yi masa sannu da aiki, su wuce. Yakan yini a wurin, ya ci abin da Milka ta ba shi, ya zauna a kan kujerar yayansa a ƙofar ɗakin da ke kulle.

Ya koma kasuwa ma, amma jefi-jefi, kuma ba ƙasar Jaba ba tukuna. Makarantu sun fi kiransa yanzu. Na tambaye shi ko zai sake yin wasan Citta, ya ce a'a.

A watan Nuwamba ya zazzage buhunan a gaban matan. Huɗu sun ruɓe. Shida sun yi 'ya'ya masu tauri, in ka karya ƙamshi ya bugi hanci. Bai san dalilin da ya sa huɗun suka ruɓe ba, ya rubuta a littafinsa cewa bai sani ba. Ya raba wa matan rabi su yi iri, ya bar wa Milka saura, ya taho da kaɗan a leda.

Da ya iso gida ya zauna a baranda ya kira Nicholas. Wayarsa tana da ƙara, ina jin komai daga inda nake.

"Yaya, ni ne. Na tono na buhun nan. Shida sun yi."

A can ana jin hon ɗin motoci.

"Cikin nawa?"

"Cikin goma."

"To. Madalla." Can Nicholas ya ce, "Maigidan ya dawo, bari in buɗe ƙofa."

Wayar ta katse. Kaleb ya riƙe ta a hannu na ɗan lokaci ko za a sake kira. Sa'an nan ya tashi ya ari fartanyata, ya haƙa ɗan rami a inuwar mangwaron tsakar gida, ya jera cittar a ciki, ya rufe da ƙasa da busasshen ganye. Ya ce in gaya wa masu shara kada su taɓa wurin sai watan Afrilu, lokacin shuka.